Ɗan'uwa da Ɗan Uba: Inda Gaba Take a Cikin Labaran Yaƙi da Al'ajabi na Matasa, Daga Zariya Zuwa Adar

1. Gabatarwa

Wannan ƴar maƙala ta shafi wani kashi na ƙagaggun labarai wanda manazarta adabin Hausa ba su cika tsayawa kansa ba, ko da yake yana daga cikin waɗanda suka fi shiga hannun samari: labaran yaƙi da al'ajabi, inda ake samun jarumi da doki da takobi, da aljanu da matsafa, da gadon sarauta da ake jayayya a kai. Idan muka bi rabon da Todorov ya yi a 1970, waɗannan labarai ba su shiga abin da ya kira fantastique ba, domin mai karatu ba ya tsayawa shakkar ko aljanin da ya bayyana gaskiya ne ko mafarki. Suna cikin merveilleux ne, wato inda abin mamaki yake zama ruwan dare, ba mai tambayar dalilinsa. Mu dai za mu kira su labaran al'ajabi.

Tambaya ɗaya muke so mu yi wa waɗannan labarai: wane ne abokin gabar tauraro, kuma mene ne tsakaninsu ta wajen jini? Za mu yi tambayar ne muna tsaye a Tawa, muna tunanin yaron da ke karanta su ko yake saurarensu a nan arewacin Adar, domin amsar tana da nauyi na musamman a wannan ƙasa, kamar yadda za mu gani a gaba.

2. Abin da harshe ya riga ya faɗa

Bari mu fara da ƙirar kalma, tun da shi ne fagenmu. Hausa tana da harɗaɗɗun sunaye biyu masu gini iri ɗaya: ɗa + -n + uwa, da kuma ɗa + -n + uba. A wajen ƙira tagwaye ne, amma ma'ana ta raba musu hanya. Na farko ya faɗaɗa har ya rufe dangi duka, ya wuce dangi ya kai ga duk wanda aka haɗa addini ko ƙasa da shi. Daga gare shi aka sami ƴan'uwantaka. Na biyu kuwa ya tsuke, ya yi tsami. Ɗan uba shi ne wanda kuka haɗa uba kuka raba ɗaki, kuma daga gare shi aka sami ƴan ubanci, kalmar da ake faɗa wa ƴan kasuwa biyu ko ƴan siyasa biyu da ba su haɗa ko kaka ba, muddin dai kowane yana jin ciwon ci gaban ɗayan. Ko ƙa'idar rubutu ta bi wannan rabo: ana haɗe ɗan'uwa ya zama kalma guda, a bar ɗan uba a rabe.

Sauran kalmomin gida duk wannan hanya suka bi. In Bahaushe yana so ya nuna ƙarfin zumunta sai ya ce ciki ɗaya, ko ɗaki ɗaya, ko nono ɗaya suka sha, duka ta wajen mace. Matar da aka haɗa miji da ita kuwa sunanta kishiya, daga kishi. Malaman fiƙihu sun ƙara mana uku daga Larabci saboda rabon gado: shaƙiƙi da li'abi da li'ummi, kuma a mazhabar Malikiyya shaƙiƙi yana katange li'abi. Faransanci ma yana da germain da consanguin da utérin, sai dai sun maƙale a bakin masu shari'a. A titi demi-frère kaɗai ake ji, wanda ba ya faɗa maka ta wane gefe aka haɗu, balle ya faɗa maka ko ana ga maciji da juna.

Ba Hausawa kaɗai ke da wannan rabo ba. Zabarmawa suna bambanta ɗan baba da ɗan inna da irin wannan nufi. Mutanen Mande suna da fadenya da badenya, kuma Bird da Kendall sun nuna a 1980 cewa a kan waɗannan ginshiƙai biyu ne jarumin Mande yake tsaye: fadenya ke fitar da shi daga gida neman suna, badenya ke maido shi. Duk wanda ya san labarin Sunjata ya san cewa kafin Sumanguru akwai Dankaran Tuman da uwarsa Sasuma Berete. Sai da gida ya kore shi kafin ya yi yaƙi da baƙo.

Tatsuniya, ko gatana kamar yadda ake cewa a nan yamma, ba ta taɓa ɓoye wannan ba. Ɗiyar bora da ɗiyar mowa su bi hanya ɗaya, su gamu da tsohuwa ɗaya a bakin rafi, ɗaya ta komo da dukiya, ɗaya da kuturta. Irin wannan zubi ne Denise Paulme ta kira na madubi a littafinta na 1976. Ke nan yaron Adar, tun bai shiga lakwal ba, ya san cewa gaba mafi zafi a tsakar gida take kwana.

3. Littattafan Zariya

Yanzu mu dubi abin da rubutaccen adabi ya yi da wannan gado. Gasar da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933 ta haifar da littattafai biyar, biyu daga ciki labaran al'ajabi ne tsantsa ko kusan haka: Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara. Abin lura a gefe, marubutan nan biyu wa da ƙane ne, suka shiga gasa ɗaya, kowa ya fito da rabonsa. Bayan su sai Magana Jari Ce (1937 zuwa 1939), sai Iliya Ɗan Maiƙarfi na Ahmadu Ingawa a 1951. Waɗannan huɗu su ne suka yanka wa nau'in cibiya, kuma su ne suka tsallako iyaka ta Ƙonni da Maraɗi suka zo mana.

A Ganɗoki zumunta tana nan da ƙarfinta, amma a tsaye take, daga uba zuwa ɗa. Ganɗoki ya yi yaƙi da Turawa a ƙasar Kwantagora da Bida, ya bi Sarkin Musulmi Attahiru har Burmi a 1903, daga nan labari ya sauka daga kan tarihi ya shiga duniyar aljanu da arna a can gabas, shi da ɗansa Garba Gagare. Ɗan ba ya musu da uban, uban ba ya shakkar ɗan. Duk wanda takobinsu ya sara baƙo ne: ko Nasara, ko arne, ko aljani. Saboda haka babu inda aka tsayar da Ganɗoki a mararraba aka ce ya zaɓa. Aikinsa sara ne da kirari, kuma dole mu yarda cewa kirarin yana da daɗi. Hausar Bello Kagara a fagen fama har yau da wuya a sami wadda ta kamo ta. Amma in aka cire daɗin harshe, kashi na biyu na littafin lissafin gawawwaki ne da na waɗanda aka musuluntar.

Ruwan Bagaja ya fi wayo. Abin da ya fitar da Alhaji Imam daga gida zumunta ce: an kunyata Liman, mijin uwarsa, a gaban fada, don ya ce ruwan Bagaja zai warkar da ɗan sarki, shi kuwa yaron ya ɗaura aniyar wanke shi. A nan Imam ya yi abin da ba a saba ba, ya sa biyayya ga uban riƙo ta zama tushen tafiya. To amma ina kishin? An raba shi biyu. Rabi an ba Malam Zurƙe ɗan Muhamman, wanda ba dangi ba ne, kuma gabarsu ta ramuwar gayya ce da ban dariya, irin wadda Imam ya tsinto daga Maƙamatul Hariri. In aka duba da kyau ma ta fi kama da wasan taubasai. Ɗaya rabin an ba Saƙimu, wanda ya kashe mahaifin Alhaji ya cinye dukiya, ya kuma sake ɓullowa a ƙarshe don ya ƙwace ruwan. Manazarta irin su Ibrahim Malumfashi sun nuna kamannin wannan labari da tatsuniyar Jamusawa ta ruwan rai wadda ƴan'uwan nan Grimm suka tattara. A can, waɗanda suka sace ruwan yayyen tauraro ne, uba ɗaya, masu neman gado ɗaya. A wurin Imam ɓarawon agola ne, wato wanda ba shi da jinin maigida, ba shi da haƙƙin gado. Da wannan ɗan canji laifin ya tashi daga na ɗan gida ya koma na wanda aka shigo da shi.

Magana Jari Ce ita ce ta fi ba mu abin dubawa, don haka za mu ɗan daɗe a kanta. Yawancin masu nazari sukan ruga zuwa ga labaran da aku ke bayarwa da inda Imam ya samo su, su bar labarin da ya ɗaure littafi na ɗaya, alhali shi kansa cikakken labarin yaƙi ne na matasa. Sarki Abdurrahman ɗan Alhaji ba shi da ɗa namiji, sai ɗiya. Ɗiyar ta haifi Mahmudu. Daga baya aka yi roƙon Allah aka sami Musa. Mu tsaya nan mu auna. Ga jika wanda ake ganin shi zai gaji sarauta, ga kuma ɗa da ya zo a makare ya tare masa hanya. Duk wanda ya san fada ya san irin wutar da wannan kan hura. Imam ya shimfiɗa itacen, ya ƙi kunna wutar. Musa da Mahmudu suka tashi kamar tagwaye, har abin da ke neman fitar da Musa daga gida kowane dare, lokacin da Sarki ya tafi yaƙi da mutanen Sinari, shi ne begen Mahmudu da ke can fagen fama. Kuma in mun koma ga kalmominmu na sama, za mu ga dalilin da ya sa Bahaushe ya karɓi wannan ƙauna ba tare da tambaya ba: Musa kawun Mahmudu ne, mace ce ta haɗa su. Kwaɗayin sarauta da cin amana kuwa an kwashe su duka an ɗora wa Waziri, bara, wanda shi ne ya aika wa Sarkin Sinari a asirce. Da ɗan gari akan ci gari, gaskiya ne, amma ɗan garin nan ba ɗan gidan ba ne, shi ya sa da asirinsa ya tonu aka gama da shi ba wanda ya yi hawaye, aka naɗa tsuntsu a gurbinsa.

Iliya kuwa ba sai mun daɗe ba. An ɗauko shi daga waƙoƙin jarumin Rasha Ilya Muromets, har da Sarki Waldima da birnin Kib, kuma biyayyarsa ga sarki take da addini. Ya bar mana Ƙwalele a bakin mutane, wannan ma ba ƙaramin abu ba ne.

Me ya sa huɗun nan duka suka kauce wa ɗan uba? A ganinmu dalilin yana ga waɗanda aka rubuta wa. Littattafan makaranta ne, an buga su ƙarƙashin hukumar da ke mulki ta hannun sarakuna, kuma da yawa daga cikin yaran da ke zaune a aji ƴaƴan fada ne, a zamanin da rikicin gidajen sarauta yake siyasa mai rai, Bature na naɗawa yana tuɓewa. Labarin da zai nuna ɗan sarki ya zare wa ɗan ubansa takobi ba zai yi wa kowa daɗi ba a wannan aji. Ba muna zargin marubutan da tsoro ba ne. Kowane marubuci yana da masu leƙen kafaɗarsa. Abin da ya dame mu shi ne wannan kaucewa ta zama ƙa'ida ga waɗanda suka biyo baya.

4. Kasuwar Kano

Daga shekarun 1990 littattafan yaƙi suka yawaita a kasuwar Kano, gefe da gefe da na soyayya, da marubuta irin su Abdul'aziz Sani Madakin Gini da Nazir Adam Salih da Aliyu Abubakar Sharfaɗi. Da a buhun fatake suke iso mana, yanzu kuwa an karance da yawa daga cikinsu da murya, samari na tura wa juna ta salula, har wanda bai iya boko ba yana da rabonsa. A cikinsu ƴaƴan sarki sun dawo suna faɗa kan karaga, wannan ci gaba ne. Sai dai karagar a kullum tana Misra ko Hindu ko Sin ko wani birni mai sunan da ba a taɓa ji ba, kuma mugun ɗan sarki yakan zo da tambarin mugunta tun daga shafin farko, ga boka a bayansa, ga gunki a ɗakinsa. Da zarar an mai da ɗan uba matsafi, an fitar da shi daga dangi ke nan ta ƙofar baya, kashe shi ya zama ibada.

Wanda ya fi ba mu sha'awa a wannan kashi shi ne labarin Saifu ɗan Ziyazana, wanda Sharfaɗi ya kawo wa masu karatun Hausa da sunan Malikussaif. A asalinsa na Larabci, uwar Saifu ce da kanta, Ƙamariyya, ta jefar da shi a daji yana jariri don ta riƙe mulki, ta kuma yi ta ƙulla masa hanyar mutuwa bayan ya girma, shi kuwa yana ta yafe mata don uwa ce. Mai ceto shi kuma aljana ce, Aƙisa, wadda suka sha nono ɗaya. A nan an kifar da tsarin da muka bayyana: ciki ya zama gaba, nono ya tsaya a matsayin amana. Ga Bahaushe wannan abin firgita ne, kuma firgitar ce ke riƙe mai sauraro, fiye da yawan rundunonin aljanu.

5. Nijar a idon wata baƙuwa

A 2007 Nnedi Okorafor, marubuciya ƴar Amurka wadda iyayenta Ibo ne, ta fitar da The Shadow Speaker, labarin al'ajabi na matasa da Ingilishi, aka sake buga shi da gyare-gyare a 2023. Ta kafa labarin a Nijar ta shekarar 2070, bayan wani babban sauyi da ya cakuɗa duniyoyi ya dawo da sihiri. Tauraruwar, Ejii, yarinya ce mai shekara 14 a wani ƙagaggen gari, Kwamfa. Ubanta ya yi sarautar garin da danniya, musamman ga mata, ya rabu da uwarta ya tara waɗansu matan. Tana da shekara 9 aka fille masa kai a gabanta, kuma wadda ta fille kan, Sarauniya Jaa, ita ce daga baya yarinyar za ta bi cikin hamada, ta ratsa Agadas, don a hana wani yaƙi da ya fi na farko.

Ga abin da littattafan Zariya suka ƙi taɓawa, baƙuwa ta taɓa shi. Ejii tana zaune gari ɗaya da ƴan ubanta waɗanda ke ganin ta ci amanar jini. Ba ta iya cewa kisan ubanta zalunci ne, ba ta kuma iya mantawa da cewa uba ne. Jaa ta ceci gari, amma hannunta ya saba da takobi har ya zama abin tsoro. Kowane taku yarinyar ta yi sai ta taka wani haƙƙi. Wannan shi ne abin da muke nufi da zaɓi, kuma shi ne ya bambanta labarin da ke girmama hankalin matashi da wanda ke ba shi ƙarar takubba kawai. Haka Tomi Adeyemi ta yi a Children of Blood and Bone (2018), inda ɗiyar sarki da ɗan sarki suka rabu kan ko a bi uba azzalumi ko a saɓa masa.

Amma yabonmu yana da iyaka. Nijar ɗin Okorafor daga nesa aka hango ta: raƙumi mai magana, rairayi, rawani, da kalmomin Hausa jefi-jefi kamar ado a bango. Sunan Sarauniya kansa yana tuna mana littafin Abdoulaye Mamani na 1980 da yaƙin Lugu na 1899, amma a nan laƙabi ne kawai. Babban rashin kuwa na harshe ne. Ingilishi kalma ɗaya gare shi mai ma'anar rabin ɗan'uwa, don haka sai marubuciyar ta yi ta bayani kan abin da Hausa za ta gama da gaɓa uku. Ranar da aka fassara littafin nan zuwa Hausa, mai fassara zai tarar da cewa wurare da dama harshen da ake fassarawa zuwa gare shi ya fi na asali sanin labarin.

6. Adar

Mu komo gida. Tarihin Adar, kamar yadda Djibo Hamani ya rubuta shi a 1975, yana da labarin da ya fi duk waɗanda muka ambata dacewa da wannan nau'i. A 1674 Agabba, ɗan Sarkin Agadas Muhammadu al-Mubarak, ya jagoranci rundunar Abzin ya karɓe Adar daga hannun Kabi. Ya gaji ubansa a Agadas a 1687, ya yi sama da shekara 30 a kan karaga, sannan a 1721 ɗan'uwansa Muhammadu al-Amin ya tuɓe shi. Tsohon sarki ya juyo kudu, zuwa ƙasar da ya ci da yaƙi yana saurayi, ya kafa gidan sarautar da zuriyarsa ke riƙe da ita a Illela da sunan Sarkin Adar. Lissawan da suka taho tare da wannan gida su ne ke sarautar Keita. Ga yaƙi, ga ƴan ubanci, ga amanar waɗanda suka bi korarre suka bar mai mulki. Ɓangaren al'ajabi ma ba sai an aro shi daga Hindu ba: Nicole Echard ta rubuta tarihin zuriyoyin azna na Adar a 1975, ta kuma bi iskokin borinsu ɗaya bayan ɗaya a 1989, kowane da gidansa da danginsa da abokan gabarsa, domin su ma iskokin ƴan uba gare su.

Akwai kuma dalilin da ya sa muke ganin yaron Tawa ya fi wani shirin karɓar irin wannan labari. Adar ƙasar biɗa ce. Tun kaka da kakanni samari ke fita bayan girbi, su nufi Kano ko Abijan ko Libiya, su komo ko kada su komo. Jarumin da ya bar gida ya sha wuya ya dawo da abin nunawa, a nan wan kowa ne ko baffansa. Kuma duk wanda ya zauna a ƙauyukan Kalfu ko Tamaske ya san cewa ba yunwa kaɗai ke tura saurayi hanya ba; sau da yawa ɗakin kwano da ɗan wancan ɗakin ya gina wa uwarsa shi ke hana barci. Abin da Bird da Kendall suka faɗa kan jarumin Mande ana ganinsa a tashar mota.

Sai dai inda maganar ta fi nauyi shi ne nan. Tun watan Maris na 2025 dokar ƙasa ta ɗaga Hausa ta zama harshen ƙasa a Nijar, Faransanci da Ingilishi suka zama harsunan aiki. Ko ba daɗe ko ba jima za a nemi littattafan hira na Hausa don ƴan koleji da lise, kuma marubutanmu za su waiwayi tarihin yankunansu. In suka ɗauki zubin Ganɗoki suka ɗora wa Adar, wa zai zama arne, wa zai zama aljani? Arnan da za a sara su ne azna, wato kakannin yaran da ke karatun. Baƙin da ke zuwa daga arewa bisa raƙuma kuwa, in aka bi jayayyar Kel Geres da Iwillimmidan kan Adar a ƙarni na 19 aka karanta ta a gurguje, za su zama Abzinawa, waɗanda jikokinsu ke zaune a benci ɗaya da jikokin azna a Tawa da Abalak. Wannan jaha ta ga abin da ya faru a Cintabaradan a watan Mayu na 1990, ta ga tawayen da ya biyo baya har zuwa yarjejeniyar 24 ga Afrilu 1995, ta kuma binne mutum 137 a yankin Tiliya bayan harin 21 ga Maris 2021. Yaƙi a nan ba abin da ake jin labarinsa daga birnin Sin ba ne. Littafin da zai koya wa yaro mai shekara 14 cewa abokin gaba wani jinsi ne daban, wanda kashe shi ba ya barin tabo, ba ma bukatarsa a aji, komai daɗin Hausarsa.

Labarin Agabba ba ya yarda da wannan sauƙi. Wanda ya ci Adar da yaƙi daga Abzin ya zo, kuma shi ne kakan sarakunan da Adarawa ke kira nasu. Wanda ya kore shi jininsa ne. Marubucin da ya shiga wannan labari dole ya ba al-Amin hujjarsa, ya ba uwar kowane ɗaki bakinta, ya kuma nuna abin da manomin azna ya gani ranar da dawakin suka sauko kan dutsi. Ba muna cewa ya rubuta tarihi ba. Hamani ya riga ya yi wannan aiki, kuma yana da kyau jami'ar Tawa tana ɗauke da sunansa. Ƙagaggen labari yana da ƴancin sa iska ta yi magana, ya sa takobi ya yi suna. Sharaɗinmu ɗaya ne, kada sihiri ya ɗauke wa tauraro nauyin zaɓi, kamar yadda zoben aljani ya saba yi a ƙarshen irin waɗannan littattafai.

Saura matsalar da ta fi kusa da sana'armu, wato da wace Hausa mutanen labarin za su yi magana. Littattafan da muka duba duka da daidaitacciyar Hausa aka rubuta su, mai tushe a Kananci, har aljanun ma Kananci suke yi. Adaranci kuwa, wanda Bernard Caron ya bayyana nahawunsa a 1991, yana cewa munka da sunka da anka, yana cewa shi taho, yana cewa yat tahi, yana kiran ƴaƴa ɗiya. Shawararmu ita ce mai ba da labari ya riƙe daidaitacciyar Hausa don littafin ya karantu a Damagaram da Zariya, amma a bar mutanen cikinsa su yi zance da harshen ƙasarsu. Wannan zai jawo tambayoyin rubutu waɗanda dokar ƙa'idojin rubutun Hausa ta 1999 ba ta warware su duka ba, musamman yadda za a rubuta baƙaƙen da ke ninkuwa a ƙarshen kalma, irin na yat tahi da ɗiyas sarki, da kuma ko za a rubuta hw a inda Kano ke rubuta f. Akwai kuma Tamajak, domin Agabba da ɗan'uwansa ba da Hausa kaɗai suka yi faɗa ba, kuma marubucin zai bukaci abokin aiki daga sashen da ke nazarin wannan harshe kafin ya sa musu kalma a baki.